Henri Le Saux, Ruhubanin Faransa da ya Ƙare Kwanakinsa a Indiya

Yau za mu kawo muku tarihin wani Bafaranshe wanda ya bar ƙasarsu yana gab da cika shekara 38, ya tafi Indiya, bai sake taka ƙasar haihuwarsa ba har mutuwa ta ɗauke shi. Sunansa Henri Le Saux, ana faɗinsa Anri Lo So. Limamin Kirista ne na ɗariƙar Katolika, irin waɗanda muke ce wa mompe a nan ƙasarmu. Ya tafi da niyyar kai wa mutanen Indiya abin da yake riƙe da shi, sai ya iske a hannunsu wani abu da ya hana shi sukuni shekara 25.

An haife shi ran 30 ga watan Agusta na 1910 a Saint-Briac, wani ɗan gari na bakin teku cikin jihar Bretagne, a arewa maso yammacin Faransa. Shi ne ɗan fari, iyayensa kuwa masu kanti ne, masu riƙon addini. Tun yana da shekara 11 aka sa shi makarantar koyon limanci, daga nan ya zarce babbarta a birnin Rennes. A 1929 ya shiga gidan ruhubanai na Kergonan, waɗanda ke bin ƙa'idar Benoît, wani waliyyin Kirista da ya yi zamani a Italiya cikin ƙarni na 6. Ruhubani dai shi ne mutumin da ya bar aure da dukiya, ya tsare kansa cikin gida ɗaya da ƴan'uwansa, ba su da aiki sai addu'a da rera Zabura da karatu da aikin hannu. An naɗa shi limami a 1935. Da yaƙin duniya na biyu ya tashi a 1939 aka kira shi soja, Jamusawa suka kama shi a 1940, ya sulale ya gudu, ya koma ga ruhubancinsa.

Tun wajen 1934 zuciyarsa ta fara kiransa Indiya, amma ruhubani ba ya fita sai da izinin shugabansa. Ya yi haƙuri har 1947, sa'an nan ya rubuta wa bishop na Tiruchirappalli, a ƙasar Tamil ta kudancin Indiya, yana neman a yarje masa ya zo ya yi zaman zuhudu irin na mutanen ƙasar. Wanda ya ba shi amsa shi ne Jules Monchanin, wani limami daga Lyon, mai zurfin ilimin falsafa, wanda ke zaune can tun 1939 da irin wannan buri. Le Saux ya sauka Indiya ran 15 ga Agusta 1948, ranar da ƙasar ke cika shekara ɗaya da samun mulkin kai.

Ran 21 ga Maris 1950 su biyun suka kafa mazauninsu a bakin kogin Kaveri, kusa da garin Kulittalai. Suka sa masa suna Shantivanam, watau dajin salama. Bukkoki ne kawai cikin itatuwa. Suka tuɓe rigar limanci ta Turai, suka yafa ƙyalle mai launin jar ƙasa irin na masu zuhudun Hindu, suka bar cin nama, suna zama a ƙasa, suna tafiya ba takalmi. Kowannensu ya ɗauki sunan Indiya. Na Le Saux shi ne Abhishiktananda, ma'anarsa wanda farin cikinsa shi ne Shafaffe, watau Almasihu. Ba su ne farau ba a wannan hanya, gama tun 1606 wani limami ɗan Italiya, Roberto de Nobili, ya zauna a Madurai da shigar malaman Hindu. Sai dai burin waɗannan biyu ya wuce na tufafi. So suke addinin Kirista ya sami gindin zama cikin tunanin Indiya kansa, kamar yadda ya samu a dā cikin tunanin Girkawa.

Amma kafin a kafa ko bukka ɗaya, wani abu ya riga ya faru. A watan Janairu 1949 Monchanin ya kai shi garin Tiruvannamalai, a gindin dutsen Arunachala, wurin wani tsoho mai suna Ramana Maharshi. Shi wannan ya zo dutsen tun 1896 yana saurayi ɗan shekara 16, bai sake barinsa ba. Ba ya wa'azi, yawancin karantarwarsa shiru ne; in an matsa masa da tambaya, sai ya umarci mai tambaya ya koma ya bincika ko wane ne wannan da ke tambayar. Da farko Le Saux bai ga kome ba sai dattijo mai fara'a, kamar kakan kowa, har ya yi mamakin yadda mutane ke faɗuwa gabansa. Zazzaɓi ya kama shi, aka komar da shi gida. Cikin wannan ciwo ne ya gane shirun tsohon ya shige shi fiye da yadda ya zata. Ya sake komawa cikin shekarar. Ramana ya rasu a watan Afrilu 1950, amma daga 1952 zuwa 1955 Le Saux ya yi ta komawa dutsen, yana shiga halwa cikin kogunansa makonni, wani lokaci watanni, yana cin abin da aka ba shi sadaka.

A nan ya kamata mu tsaya mu bayyana abin da ya iske, in ba haka ba sauran labarin ba zai fahimtu ba. Sunan koyarwar advaita, da harshen Sanskrit. Mu da fassara ce sana'armu mun san wahalar irin wannan kalma: in ka ce kaɗaitaka ka ɓata ta, domin masu ita da gangan suka ƙi cewa ɗaya, suka ce ba biyu ba. Tushenta yana cikin littattafan da ake kira Upanishad, waɗanda mafi tsufansu sun girmi haihuwar Annabi Isa da ɗaruruwan shekaru, kuma wanda ya fi kowa tsara ta shi ne malam Shankara, wajen ƙarni na 8. Abin da take cewa shi ne, ainihin da ke can ƙarƙashin zuciyar mutum, wanda suke kira atman, da Ainihin da kome ya dogara gare shi, wanda suke kira Brahman, ba abu biyu ba ne. Misalin da malamansu ke bayarwa shi ne na tulu. Sararin da ke cikin tulu da sararin da ke wajensa, yumɓu ne kaɗai ya sa ake ganin sun rabu; ran da tulun ya fashe ba abin da ya ƙaru, ba abin da ya ragu. A wurinsu kuma wannan ba karatu ba ne da za a haddace, farkawa ce, kamar yadda mai barci ke farkawa.

Mai karatu Musulmi zai ga inda gizo ke saƙa tun ba a nuna masa ba. Tauhidi yana cewa Allah ba shi da na biyu, amma Mahalicci dabam, abin halitta dabam. Kirista ma a kan wannan rabuwa yake tsaye. Addu'a kanta tana bukatar bawa mai roƙo da Ubangiji mai ji. In ba biyu, wa ke roƙon wa? Cikin Musulunci ma an daɗe ana muhawara mai kama da wannan a kan wahdatul wujudi da ake danganta wa Ibn Arabi, wanda ya rasu a Dimashƙa a 1240, ko da yake ba daidai ba ne a ce abu ɗaya ne da advaita. Har ma ta hannun Musulmi ne littattafan Upanishad suka fara isa Turai: yarima Dara Shikoh, ɗan sarkin Indiya Shah Jahan, ya sa aka juya su zuwa Farisanci a 1657, daga nan wani Bafaranshe, Anquetil-Duperron, ya mai da su Latin a 1801 da 1802.

Le Saux ya ɗanɗana wannan farkawa, ko dai ya hango ta, ya kuma tabbata a ransa gaskiya ce. Bai kuwa daina gaskata Almasihu ba. Nan wahalarsa take. A watan Disamba 1955 ya sadu da wani shehin Hindu mai suna Gnanananda a Tirukoyilur, ya miƙa wuya gare shi kamar yadda almajiri ke yi wa shehinsa, shi da yake limamin Katolika. Littafin da yake rubuta sirrin zuciyarsa kullum cike yake da tsoro: in ya bi advaita har ƙarshe, kada ya rasa imaninsa da lahirarsa, in ya juya mata baya, ya ƙaryata abin da ya gani da kansa. Littafinsa na farko a kan wannan al'amari, mai duba littattafai na majami'a a Paris ya hana a buga shi. Monchanin ma ya damu ƙwarai. Shi mutum ne mai taka-tsantsan, kuma yadda shekaru ke wucewa haka yake ƙara ganin akwai rami mai zurfi tsakanin advaita da aƙidar Kirista. Ya rasu a Paris ran 10 ga Oktoba 1957, ya bar abokinsa shi kaɗai da bukkokin da ba su sami almajirai masu zama ba.

Daga 1959 ya fara hawa arewa, zuwa duwatsun Himalaya, ya kuma karɓi takardar zama ɗan ƙasar Indiya a 1960. Ya sami ƴar bukka a Gyansu kusa da Uttarkashi, a bakin kogin Ganga, ya riƙa kai da kawowa tsakaninta da Shantivanam, tafiyar fiye da kilomita 2000. Tsakanin 1961 da 1963 ya shiga tarurrukan da jakadan Suwis a Indiya, Jacques-Albert Cuttat, ya taimaka aka shirya, inda Kiristoci na ɗariƙu dabam-dabam ke karanta Littafi Mai Tsarki da Upanishad gefe da gefe. A 1964 ya yi tattaki da abokinsa Raimon Panikkar zuwa Gangotri, kusa da mafarin Ganga, suka yi sallar Kirista a can. Zamanin ma ya taimake shi, domin babban taron majami'ar Katolika da aka yi a Roma daga 1962 zuwa 1965 ya fitar da sanarwar Nostra Aetate, wadda ta yi maganar Hindu da ƴan Buda da Musulmi da girmamawa.

A 1965 ya fitar da littafinsa Sagesse hindoue, mystique chrétienne. A ciki ya ɗauki sunan da Hindu ke ba Ainihi, Saccidananda, wanda ya haɗa kalmomi uku, samuwa da sani da ni'ima, ya gwada shi da aƙidar Triniti ta Kirista, yana nuna cewa advaita tana samun cikarta cikin Almasihu. Littafin ya karɓu. Abin da ya sa muka ga mutumin ya cancanci a ba da tarihinsa shi ne, shi da kansa ya dawo ya ce wannan sulhu bai gamsar da shi ba. Ya ga bai kamata ya mai da addinin wasu matakala zuwa nasa ba. A shekarunsa na ƙarshe ya karkata ga cewa duk aƙidu, har da nasa, sunaye ne da siffofi masu nuni ga abin da ya fi ƙarfin harshe. Malaman Kirista da yawa suna ganin a nan ya wuce gona da iri. Wasu Hindu kuma, irin su marubuci Sita Ram Goel, sun zargi irin waɗannan mazaunai da cewa dabarar jan mutane ce aka yafa wa jan ƙyalle. A ganinmu zargi na biyu bai zauna a kansa ba, gama mai dabara ba ya kwana da irin fargabar da ya kwana da ita. Na farkon kuwa yana da nauyi, kuma shi kansa bai taɓa warware shi a rubuce ba. Abin da aka sani dai, bai fita daga ruhubanci ba, bai kuma bar sallarsa ta limami ba har ƙarshe.

A 1968 ya danƙa Shantivanam ga Bede Griffiths, wani ruhubani ɗan Ingila, ya koma Gyansu gaba ɗaya. A 1971 wani saurayi Bafaranshe mai koyon limanci, Marc Chaduc, ya zo wurinsa, ya zama almajirinsa na haƙiƙa. Ran 30 ga Yuni 1973, cikin ruwan Ganga a Rishikesh, Le Saux da Swami Chidananda, shugaban wata babbar zawiyar Hindu ta garin, suka haɗu suka shigar da saurayin cikin zuhudun da ake kira sannyasa, limamin Kirista da shehin Hindu a kan almajiri ɗaya.

Mako biyu bayan haka, ran 14 ga Yuli, ciwon zuciya ya kayar da shi a kasuwar Rishikesh. Ya tashi daga wannan faɗuwa da wata natsuwa da abokansa ba su san shi da ita ba, wasiƙunsa na watannin nan kuma suna nuna mutumin da ya ɗauka ya sami abin da ya daɗe yana nema. Aka kai shi Indore, inda mata masu zuhudu na Katolika suka yi jinyarsa, ya rasu ran 7 ga Disamba 1973 yana da shekara 63, aka binne shi a can. Marc Chaduc ya ci gaba da halwa a duwatsun Himalaya har 1977, sa'ad da ya ɓace daga bukkarsa, ba a sake ganinsa ba. Littafin sirrin Le Saux kuwa sai a 1986 aka buga zaɓaɓɓun sassansa a Paris, da sunan La montée au fond du cœur.