Alhasan Alwazzan: Jakadan da Ya Gabatar da Afirka ga Turai

A cikin mutanen da suka fara sanar da Turawa labarin ƙasashen Afirka a rubuce, babu kamar Alhasan ɗan Muhammadu Alwazzan, wanda Turawa suke kira Liyo Afirkanus. An haife shi a birnin Garnada ta ƙasar Andalus, kusan lokacin da Sarki Fadinan da Sarauniya Isabela suka ci birnin a shekara ta 1492, mulkin Musulmi ya ƙare a can. Iyayensa suka yi hijira zuwa Fas ta ƙasar Maroko, inda ya yi karatun fiƙihu da nahawu da waƙa.

Tun yana saurayi ya shiga aikin jakadanci. Ya raka baffansa zuwa Tumbuktu a zamanin Askiya Muhammadu na daular Songai, daga baya Sarkin Fas ya riƙa aikensa wurin sarakuna da shugabannin ƙabilu. A shekara ta 1517 yana Masar sa'ad da Sarkin Musulmi Salim na Ɗaya na daular Usmaniyya ya ci ƙasar.

A shekara ta 1518, yana kan hanyar komawa gida ta teku, 'yan fashin jirgin ruwa na Sifen suka kama shi. Da suka ga malami ne kuma jakada, ba su sayar da shi a kasuwar bayi ba, sai suka kai shi kyauta ga Paparoma Liyo na Goma. Aka tsare shi fiye da shekara guda a kurkukun Sant Anjalo da ke Roma, ana kawo masa littattafan Larabci, ana koya masa bangaskiyar Kirista. Ran 6 ga Janairu, 1520, Paparoma da kansa ya yi masa baftisma a majami'ar Bitrus, ya ba shi sunan Yohanna Liyo. Shi kuwa da Larabci ya riƙa sa hannu da Yuhanna Al'asad, wato Yohanna Zaki.

Shekarun da ya yi a Italiya sun ba da amfani mai yawa. A 1521 ya kwafe Wasiƙun Manzo Bulus da Larabci. A 1524 a birnin Bolonya ya haɗa hannu da wani likita Bayahude, Yakubu Mantino, wajen tsara ƙamus na Larabci da Ibrananci da Latin. Ya kuma gyara wata fassarar Alƙur'ani zuwa Latin domin Kadinal Ejidiyo na Bitabo, wanda ya tsaya masa ranar baftisma.

Babban aikinsa shi ne littafin bayanin Afirka, wanda ya kammala a watan Maris na 1526 da harshen Italiya, ya kasa shi kashi tara. A kashi na bakwai ya yi bayanin ƙasashen kudancin Sahara: Tumbuktu, inda ya ce cinikin littattafai ya fi kowane ciniki riba, da Gawo, da Agadas, da Gobir mai masaƙa da dukawa, da Kano mai ganuwa da manyan attajirai, da Katsina, da Zazzau, da Zamfara, da Borno. Ya ba da labarin cewa Askiya ya ci Kano, ya ɗora mata harajin kashi ɗaya cikin uku na abin da take samu. Masana da dama suna tababar wannan labari, domin Tarihin Kano bai ambace shi ba, har wasu suna ganin daga bakin fatake ya ji labarin ƙasar Hausa. Duk da haka, Ramusiyo ya buga littafin a Banis a 1550, aka fassara shi zuwa Faransanci da Latin a 1556, da Turancin Ingilishi a 1600. Kusan shekara ɗari uku Turawa suna dogara da shi, har zuwa lokacin da irin su Kilafatan da Bat suka zo suka gani da idonsu.

A 1527 sojojin Sarki Cals na Biyar suka washe Roma. A wannan tsakani ne Alhasan ya bar Italiya, wani masani Bajamushe na zamanin kuma ya ruwaito cewa ya zauna a Tunis, ya koma addininsa na farko. Wannan abin lura ne ga Ikkilisiya. Baftismar da aka yi wa fursuna, wanda ba shi da wata hanyar fita sai ita, ba ta nuna abin da ke cikin zuciyarsa, ko da Paparoma ne ya zuba ruwan. Amma a galibin littafinsa bai zagi Musulunci don ya faranta wa iyayen gidansa rai ba, bai kuma wulakanta Kiristocin da ya zauna a cikinsu ba.

A 1931 aka gano kwafin littafin na rubutun hannu a wani ɗakin karatu a Roma, masana suka ga inda Ramusiyo ya sauya kalmominsa. Har yau duk mai binciken tarihin Songai da ƙasar Hausa na ƙarni na 16 sai ya bi ta kan abin da wannan jakada ya rubuta.