Auguste Rodin, Masassaƙin Faransa (1840-1917)

An haifi Auguste Rodin a birnin Pari ran 12 ga watan Nuwamba na shekara ta 1840. Ubansa ƙaramin ma'aikaci ne a ofishin ƴan sanda, gidansu ba na masu hali ba ne. Yaron bai yi ƙoƙari a lakwal ba, don idanunsa ba su ganin nesa. Abu ɗaya ya iya, shi ne zane. Da ya kai shekara 14 sai aka sa shi wata makarantar zane da lissafi, inda a ke horon masu sana'ar hannu. Can ne ya fara taɓa yumɓu.

Burinsa shi ne ya shiga babbar makarantar fasaha ta Pari. Sau uku ya yi jarrabawa, sau uku aka ƙi shi. A wancan zamani kuwa, wanda bai bi ta wannan makaranta ba, da wuya gwamnati ta ba shi aiki. Dole ya koma aikin ƙodago, yana yi wa gidajen masu kuɗi adon bango. A 1862 yayarsa Maria ta rasu, baƙin ciki ya sa ya shiga wata ƙungiyar limaman Kirista. Shugaban ƙungiyar, Pierre-Julien Eymard, ya lura da baiwarsa, ya ba shi shawara ya koma ga sana'arsa.

A 1864 ya gamu da wata mai ɗinki, Rose Beuret, ta haifa masa ɗa a 1866. Ita ce ke lulluɓe ayyukansa da jiƙaƙƙen tsumma in ya yi tafiya, don kada yumɓun ya bushe ya tsage. A 1871 neman abinci ya kai shi Burusel, a ƙasar Beljik. Daga can ya ziyarci Italiya, ya yi nazarin ayyukan Mikelanjelo.

Bayan ya komo ya gama wani mutum-mutumi mai tsawon mutum, wanda aka sa wa suna Zamanin Tagulla. Wani sojan Beljik, Auguste Neyt, shi ne ya tsaya masa ya kwaikwayi jikinsa. Da aka nuna aikin a 1877, kyansa ya jawo masa tsiya. Waɗansu suka ce ba da hannu ya siffanta shi ba, shafe jikin sojan ya yi ya ɗauki zubinsa. Ga masassaƙi babu zargin da ya fi wannan muni, don daidai ya ke da a kira shi ɓarawo. Rodin ya sa aka ɗauki hotunan sojan don a gwada, waɗansu manyan masassaƙa kuma suka shaide shi. A 1880 gwamnati ta sayi aikin. Mai haƙuri ya kan dafa dutse: a lokacin nan yana gab da shekara 40.

Cikin shekarar nan aka ba shi aikin ƙofar wani gidan tarihi da za a gina. Ya ɗauko labarin daga waƙar Dante, ya kira ta Ƙofar Jahannama. Tsawonta ya wuce mita 6, siffofin mutane da ke jikinta sun kai kusan 200. Gidan ba a gina shi ba, ƙofar kuma ba a zuba ta da tagulla ba sai bayan mutuwarsa. Amma daga jikinta ne ya fitar da Mai Tunani, mutumin nan da ke zaune ya yi tagumi.

Garin Kale ya nemi ya yi masa abin tunawa da dattawa shida na shekara ta 1347. Sarkin Ingila, Edward na uku, ya kewaye garin wata 11, har yunwa ta ci mutane. Dattawan suka fito babu takalmi, da igiya a wuya, da mabuɗan gari a hannu, don a kashe su a bar sauran jama'a. Hukumar gari jarumai ta so ta gani. Rodin kuwa ya siffanta mutane masu tsoron mutuwa, amma suna tafiya zuwa gare ta. Bayan gardama mai yawa aka kafa aikin a 1895.

Ƙungiyar marubutan Faransa ta ba shi aikin siffar marubuci Balzac a 1891. Da ya nuna ta a 1898, ƙungiyar ta ƙi karɓa, jaridu suka yi ta ba'a. Ya mayar da kuɗin, ya kai abinsa gida a Medon. Sai a 1939 aka kafa ta a bakin wani babban titi na Pari.

Ɗaukakarsa ba ta rasa tabo ba. Almajirarsa Camille Claudel, wadda ya girma da shekara 24, gwanar sassaƙa ce, ta sa hannu cikin manyan ayyukansa. Sun yi shekaru suna soyayya, amma ya ƙi rabuwa da Rose. A 1913 danginta suka kai ta asibitin masu taɓin hankali, ta zauna tsare shekara 30, har ta rasu a 1943. Sai a 2017 aka buɗe gidan tarihi da sunanta.

Tun yana da rai aka fara rubuta littattafai bisa aikinsa. Mawaƙi Rainer Maria Rilke ya fitar da nasa da Jamusanci a 1903, daga baya ya zama magatakardansa. A 1911 Paul Gsell ya tattara hirarrakinsu bisa fasaha cikin littafi guda. Shi kansa Rodin ya wallafa littafi bisa manyan majami'un Faransa a 1914, shekarar da yaƙi ya tashi, igwa ta lalata majami'ar Reims.

A 1916 ya ba ƙasarsa dukan ayyukansa kyauta, da sharaɗin a ajiye su wuri ɗaya inda kowa zai iya gani. Ran 29 ga Janairu 1917 ya auri Rose, bayan zaman shekara 53. Ran 14 ga Fabrairu ta rasu. Shi ma ya bi ta ran 17 ga Nuwamba, yana da shekara 77. An binne su tare a Medon, Mai Tunani na zaune bisa kabarinsu. A 1919 aka buɗe gidan tarihin Rodin a Pari, cikin gidan Biron inda ya yi aiki a ƙarshen rayuwarsa.