Dakta Jose Rizal, Likitan Ido Da Aka Harbe Saboda Littattafansa

Da safiyar ranar 30 ga Disamba, 1896, sojoji suka fito da wani likita daga kurkuku a birnin Manila, hannuwansa a ɗaure ta baya. Suka kai shi wani fili a bakin teku, suka harbe shi. Shekarunsa 35 da haihuwa. Bai taɓa jan runduna ba, bai kuwa kashe kowa ba. Laifin da aka karanta masa a kotun soja shi ne tawaye, amma abin da ya sa masu mulki suka tsane shi tun shekara tara kafin wannan rana, littattafan da ya rubuta ne. Sunansa Jose Rizal, ana furta sunan farkon Hose.

Ƙasarsa ita ce Filifin, tarin tsibirai fiye da 7,000 a kudu maso gabashin Asiya. Iyayenmu da suka yi sakandare a shekarun 1970 da 1980 suna tunawa da malaman Filifin waɗanda suka koyar da lissafi da kimiyya a makarantun Arewa. Turawan Sifen suka fara mulkin tsibiran a 1565, sunan ƙasar ma daga sunan sarkinsu Filibus na Biyu aka ɗauko shi. A zamanin Rizal mutanen wurin ba su ɗauki kansu al'umma ɗaya ba. Wannan Batagaloge ne, wancan daga Bisaya, kowa da harshensa. Turawa kuwa sukan kira su duka indiyo, suna na raini, gama kalmar Filipino a lokacin ta Turawan da aka haifa a tsibiran ce. A garuruwa da yawa Baturen da talaka ya sani shi ne fadan ikkilisiya, wanda aka aiko daga Sifen. Shi yake lura da makaranta, shi yake sa hannu a takardun haraji, ba a kuwa naɗa mai gari sai da yardarsa. Ƙungiyoyin waɗannan fada suna da manyan gonaki, mutane suna noma suna biyan haya.

An haifi Rizal ranar 19 ga Yuni, 1861, a garin Calamba. Shi ne na bakwai cikin 'ya'ya 11, maza biyu, mata tara. Mahaifinsa Francisco Mercado manomi ne mai abin hannu, yana hayar gona daga ƙungiyar Dominikan. Mahaifiyarsa Teodora Alonso mai ilimi ce, ita ta koya masa karatu tun yana ƙarami. Abu biyu suka faru yana wajen shekara goma waɗanda bai manta da su ba. Na fari, aka yi wa mahaifiyarsa ƙazafi cewa ta nemi sa wa wata mata guba. Aka tilasta mata tafiya a ƙasa kusan kilomita 50 zuwa kurkuku, ta yi wajen shekara biyu da rabi a tsare kafin a sake ta. Na biyu, a watan Fabrairu 1872 gwamnati ta shaƙe firistoci uku 'yan ƙasa, Gomez da Burgos da Zamora, bisa zargin suna da hannu a boren sojoji a Cavite. Burgos ya daɗe yana neman a ba firistoci 'yan ƙasa ikkilisiyoyi su riƙe. Wan Rizal, Paciano, na hannun daman Burgos ne, saboda haka sunan Mercado ya zama abin tuhuma. Shi ya sa da yaron zai shiga makaranta aka rubuta shi da ɗaya sunan gidansu, Rizal.

Makarantar ita ce Ateneo ta Manila, wadda fada na ƙungiyar Jesuit suke riƙe da ita. Ya gama a 1877 da sakamako mafi kyau, ya kuma ƙaunaci malamansa na can har ƙarshen ransa. Sa'ad da ya ga idon mahaifiyarsa yana mutuwa, sai ya ɗauki karatun likita. A 1882 Paciano ya taimake shi ya shiga jirgin ruwa zuwa Sifen ba da sanin iyayensu ba. Ya sami takardar likita a Madrid a 1884, ya wuce Faris da Heidelberg ta Jamus domin ya ƙware a aikin ido.

A cikin waɗannan shekaru ne, yana fama da sanyi da rashin kuɗi, ya rubuta littafinsa na fari, Noli Me Tangere. Da ya gama ba shi da abin biyan maɗaba'a, sai wani abokinsa, Maximo Viola, ya ranta masa peso 300, aka buga kwafi 2,000 a Berlin a 1887. Sunan littafin da Latin yake, daga Yohanna 20:17 aka ɗauko shi, inda Yesu ya hana Maryamu Magadaliya ta taɓa shi bayan tashinsa. Likitoci kuma sun daɗe suna kiran wani mugun gyambo da wannan suna, irin wanda ko taɓa shi ba a iya yi don zafi. Rizal yana nufin ƙasarsa tana da irin wannan ciwo, shi kuwa zai kware ƙyallen kowa ya gani.

Labari ne ƙagagge. Wani saurayi, Ibarra, ya komo gida bayan shekara bakwai a Turai, ya tarar mahaifinsa ya mutu a kurkuku, fadan garinsu, Damaso, ya sa an tone gawar daga makabarta. Ibarra bai nemi ramuwa ba, makaranta ya so ya gina wa garin, amma aka ƙulla masa sharrin tawaye. Akwai Sisa, matalauciya, wadda aka zargi ƙaramin ɗanta da satar kuɗin coci aka doke shi har ya ɓace, ita kuwa ta haukace tana yawo tana kiran 'ya'yanta. Sashen da ya fi tsaya mini a rai, ni da nake riƙe da alli, shi ne na malamin makarantar ƙauye. Ya ajiye bulala ya ga yara sun fara son karatu, ya soma koya musu harshen Sifen, sai fada ya ci masa mutunci ya umarce shi ya koma ga dūka. Iyayen yaran ma suka goyi bayan bulala. Duk malamin da ya karanta wannan wuri zai ga fuskokin da ya sani.

Ba abu mai daɗi ba ne a gare mu masu bi mu karanta littafin da mugayen cikinsa ma'aikatan ikkilisiya ne. Amma a ganina Rizal bai yi faɗa da bishara ba. Abin da ya tona shi ne yadda mutum yakan lalace idan aka haɗa masa bagade da gona da sandan hukuma a hannu ɗaya. Shugabannin addini a Manila suka ce littafin na saɓo ne, aka hana shigo da shi. Mutane kuwa suka riƙa karanta shi a ɓoye, suna miƙa wa juna. Mutumin arewacin Luzon da na tsibiran kudu, waɗanda ba su jin harshen juna, suka tarar fadan da ke cikin littafin da ɗan sandan da ke ciki irin na garinsu ne. A nan suka fara gane wahalarsu ɗaya ce.

Ya koma gida a 1887, amma bayan wata shida aka matsa masa ya sāke fita. Ya sauka a Landan a 1888, ya yi wani aiki wanda ba a cika ambatonsa ba, ko da yake ni ina ganin bai gaza na farkon ba. A ɗakin karatu na British Museum ya sami wani tsohon littafi da Antonio de Morga, wani alƙali Basifaniye, ya buga a 1609 a kan tsibiran. Rizal ya zauna ya kwafe shi da hannu, ya bi shi shafi shafi yana ƙara bayani, aka buga shi a Faris da shekarar 1890 a bangonsa. An koya wa mutanensa cewa kafin zuwan Turawa ba su da kome sai duhu. Ya nuna daga bakin Baturen kansa cewa kakanninsu suna da rubutunsu, suna ƙera jiragen ruwa, suna ciniki da Sin da maƙwabta. Amininsa Ferdinand Blumentritt, malamin sakandare a Bohemiya, shi ya rubuta gabatarwar, ya kuma gaya masa gaskiya cewa a wasu wurare ƙaunar ƙasa ta sa ya wuce gona da iri.

Ana cikin haka aka kori iyalinsa da maƙwabtansu daga gonakin Calamba saboda gardamar haya da Dominikan. Littafinsa na biyu, El Filibusterismo, wanda aka buga a Ghent ta Beljiyam a 1891, ya fito da ɗacin wannan. Ya sadaukar da shi ga firistocin nan uku. Ibarra ya komo da sabon suna, Simoun, mai sayar da duwatsu masu daraja, yana shirin hallaka manyan ƙasa da bam da ya ɓoye a cikin fitila a wurin biki. Shirin ya rushe, ya mutu a gidan wani tsohon firist ɗan ƙasa mai tsoron Allah, wanda ya jefa dukiyar cikin teku. Marubucin da kansa ya ƙi bari ramuwa ta ci nasara.

Ya yi aikin likita a Hong Kong, inda ya yi wa mahaifiyarsa aikin ido. A watan Yuni 1892 ya koma Manila, ko da yake abokai sun gargaɗe shi. Ranar 3 ga Yuli ya kafa ƙungiyar taimakon juna, La Liga Filipina, ba a yi mako ba aka kama shi, daga baya aka kai shi Dapitan, wani ƙaramin gari a tsibirin Mindanao. Shekara huɗu ya yi a can. Ya buɗe makarantar yara maza, ya duba marasa lafiya, matalauta kyauta, ya jawo wa garin ruwa, ya yi noma. Ya riƙa aika wa masana a Turai ƙwari da dabbobi, har aka sa wa wani ƙadangare mai fiffike da wani kwaɗo sunansa.

A makon da aka kama shi ne Andres Bonifacio ya kafa ƙungiyar asiri, Katipunan, wadda ta yanke shawara sai da makami. Suna girmama Rizal ƙwarai, suka aika masa da manzo a 1896. Ya ce lokaci bai yi ba, ba su da makamai, za a zubar da jinin talakawa a banza. Ya nemi izini ya tafi Kyuba aikin likitan soja, aka ba shi. Yaƙi ya ɓarke a watan Agusta, aka kama shi a cikin jirgi, aka komo da shi daga Barcelona. Shari'ar ta ranar 26 ga Disamba kwana ɗaya ta ɗauka.

A daren ƙarshe tsofaffin malamansa na Jesuit suka zauna tare da shi. Akwai takarda da ke nuna ya janye maganganunsa a kan Ikkilisiyar Katolika ya kuma bar ƙungiyar Mason da ya shiga a Turai, har yanzu masana tarihin ƙasar suna gardama a kan sahihancinta. Ya ɓoye waƙar ban kwana da ya rubuta wa ƙasarsa a cikin ƙaramin risho, ya ba 'yar'uwarsa Trinidad. Sojojin da aka sa su harbe shi 'yan ƙasarsa ne, da Turawa a bayansu riƙe da bindigogi.

Mulkin Sifen bai ƙara shekara biyu cikakku ba. A 1898 Amurka ta karɓi tsibiran, ta biya Sifen dala miliyan 20, ba su sami cikakken 'yanci ba sai 1946. A 1956 majalisar ƙasar ta yi doka cewa a koyar da rayuwar Rizal da littattafansa a dukan makarantu. Bishop-bishop na Katolika suka yi hamayya da dokar ƙwarai, aka daidaita a kan cewa ɗalibi zai iya neman a ɗauke masa karanta cikakken littafin saboda bangaskiyarsa. Ƙasusuwansa suna ƙarƙashin hasumiyar tunawa a filin da aka harbe shi, 30 ga Disamba kuwa ranar hutu ce. Da harshen Sifen ya rubuta littattafan, harshen da 'yan kaɗan ne suke ji a ƙasar yau, saboda haka ɗaliban sakandare suna karanta su ne a fassara, cikin harshen ƙasa da ake kira Filipino.