Joseph Greenberg, Ba'amurken da ya nemo wa Hausa dangi

An haifi Joseph Greenberg a Brooklyn, birnin New York, a shekarar 1915. Yana ɗalibi ya zo ƙasar Kano a 1938, ya zauna cikin Maguzawa yana nazarin bori, a nan kuma ya koyi Hausa.

A lokacin, masanan Turai irin su Carl Meinhof suna rarraba harsunan Afirka ne suna duban launin fata da kiwon shanu. Fulatanci ma sun sa shi cikin wani rukuni da suka kira "Hamitik", na waɗanda suke gani sun fi sauran baƙar fata daraja. Greenberg ya ƙi wannan: harshe kaɗai za a duba, ban da hanci ko fata. Ya jera kalmomin da ba a cika ara ba. "Mutu" ta Hausa tana da dangi a Larabci da Ibrananci, haka "mi" da ake tambaya da ita a Dogondutsi, haka "ta" ta mace. Littafinsa na 1963 ya raba harsunan nahiyar gida huɗu: Hausa a reshen Cadi, ƴar uwar Larabci da Tamashek, Fulatanci kuwa tare da Wolof da Serer.

Abin mamaki, mutumin da ya raba harshe da jini shi ne daga baya ya kusanci masu binciken ƙwayoyin gado. A jami'ar Stanford, inda ya koyar tun 1962, abokin aikinsa Luca Cavalli-Sforza ya kwatanta bishiyar jinin al'ummomi da ta harsuna a 1988, ya ga kama mai yawa. Dalilin a fili yake: jama'a ta rabu, kowane ɓangare sai maganarsa da jininsa su riƙa sauyawa sannu a hankali.

Amma kamar tana da iyaka, kuma Arewa ta isa shaida. Arawan Dogondutsi da Tibiri Hausa suke yi, ƴan uwansu Mawri na yankin Loga kuwa Zabarmanci, harshen da Greenberg da kansa ya sa a wani gida daban. Jini daga iyaye biyu kawai ake gadonsa. Harshe kuwa ana ɗaukarsa a kasuwa, ko gidan aure, ko fadar sarki.

Rabonsa na harsunan Indiyawan Amurka ya sha suka ƙwarai, matsayin Zabarmanci ma har yau ana gardama a kansa. Na Hausa dai ya zauna. Ya rasu a Stanford ranar 7 ga Mayun 2001.