A. Philip Randolph: Ɗan Fasto Da Ya Tsaya Wa Ma'aikatan Jirgin Ƙasa

A wannan mako mun kawo wa masu karatunmu tarihin Asa Philip Randolph, baƙin Ba'amurke wanda aka haifa ranar 15 ga watan Afrilu 1889 a Jihar Fulorida. Mahaifinsa fasto ne a ikkilisiyar AME ta baƙar fata, yana kuma ɗinki domin abin da ake samu a majami'a ba ya riƙe gida. Tun yana yaro ya ga daren da mahaifinsa ya fita tare da waɗansu maza su tsare gidan yari don kada gungun Turawa su kashe wani baƙin mutum, mahaifiyarsa kuwa ta kwana zaune da bindiga a cinyarta. A 1911 ya tafi New York, yana aikin ƙarfi da rana, yana karatu da dare, a 1917 kuma suka buɗe wata mujalla shi da abokinsa Chandler Owen.

A zamanin nan kamfanin Pullman shi ke da taragun kwana na jiragen ƙasan Amurka, masu hidima a cikinsu kuwa baƙaƙe ne. Su ke shimfiɗa gadaje, su ɗauki kaya, su goge takalman fasinja cikin dare. Aikin wata guda yakan kai awa 400. Daga aljihunsu suke sayen kayan aiki da abinci, har da man takalmi, albashin kuma ba ya isa sai an haɗa da tukuicin fasinja. Abin da ya fi ci mana rai shi ne, kowannensu George ake kiransa, sunan mai kamfanin ke nan, ko da kuwa dattijo ne mai jikoki, kamar dai yadda ake kiran bawa da sunan ubangidansa.

Duk wanda aka ji yana maganar ƙungiya sai a sallame shi. Saboda haka a 1925 waɗansu daga cikinsu suka nemi Randolph ya shugabance su, tun da shi ba ma'aikacin kamfanin ba ne, ba mai ikon korarsa. Ranar 25 ga Agusta aka kafa ƙungiyar a unguwar Harlem.

A nan dole mu faɗi gaskiya ko da ba daɗi. Ikkilisiyoyin baƙar fata sun rabu a kan lamarin. Waɗansu fastoci sun buɗe majami'unsu don taro, waɗansu kuwa sun rufe ƙofa, domin kamfanin yana taimakonsu da kuɗi. Abokan gaba suka yi ta baza cewa Randolph ba ya gaskata da Allah, har yau ma masana tarihi ba su daina muhawara a kan bangaskiyarsa ba. Amma kowa ya shaida cewa ba a iya sayensa da kuɗi ba. Lokacin da tattalin arziki ya rushe bayan 1929, 'yan ƙungiyar suka ragu zuwa 'yan ɗaruruwa, kuɗin hayar ofis ma ya gagara. Matarsa Lucille, mai shagon gyaran gashi, ita ta daɗe tana riƙe gidan.

Shekara 12 cur aka yi ana wannan ja-in-ja. Sai ranar 25 ga Agusta 1937 kamfanin ya sa hannu a yarjejeniya, aka rage aikin wata zuwa awa 240, aka kuma ƙara albashi. Wannan ne karo na farko da wani babban kamfanin Amurka ya yi haka da ƙungiyar ƙwadago ta baƙar fata.

Daga nan muryarsa ta yi nauyi. A 1941 ya yi barazanar kai dubban baƙaƙe Washington, sai Shugaba Roosevelt ya ba da umurnin hana wariya a masana'antun kayan yaƙi. A 1948 Shugaba Truman ya ba da irinsa game da rundunar soja. Wanda ya je belin Rosa Parks a Montgomery a 1955, wato E. D. Nixon, ɗan wannan ƙungiya ne. Randolph kuma shi ya shugabanci babban gangamin Washington na 28 ga Agusta 1963, inda mutane fiye da 200,000 suka saurari Fasto Martin Luther King. Lucille ba ta ga ranar ba, ta rasu 'yan watanni kafin taron. Shi kansa ya rasu a New York ranar 16 ga Mayu 1979, yana da shekara 90.