Alfred Grandidier: Baturen Da Zazzaɓi Ya Kai Madagaska

Ran 13 ga watan Satumba na shekarar 1921 ne wani dattijo Bafaranshe mai suna Alfred Grandidier ya rasu a birnin Paris, yana da shekara 84 a duniya. A lokacin rabonsa da tsibirin Madagaska shekara 51 ke nan, amma duk da haka da wuya a sami wani Bature na zamaninsa da ya kai shi sanin wannan tsibiri, da duwatsunsa da kogunansa da mutanensa, musamman ma dai waɗansu dabbobi da ake kira lemur, waɗanda Allah bai ajiye asalinsu a ko'ina ba a duniya sai can. Kimanin shekara biyar ya yi yana kai da kawowa a tsibirin, sa'an nan ya ƙare sauran rayuwarsa yana rubuta abin da ya gani.

An haife shi a Paris ran 20 ga watan Disamba na 1836, a gidan masu hannu da shuni. Wannan wadata ce ta ba shi damar da yawancin masu neman ilmi ba su samu, domin bai taɓa jiran wata gwamnati ta biya masa kuɗin jirgi ba. A 1857 shi da wansa Ernest suka fita yawon ganin duniya tare da wani malamin ilmin taurari mai suna Jules Janssen. Ba a yi nisa ba rashin lafiya ta tilasta wa malamin komawa gida, samarin biyu kuwa suka ci gaba su kaɗai. A shekarun 1858 da 1859 sun ratsa ƙasashen Amurka ta Kudu, irin su Peru da Boliviya da Chile da Ajantina da Brazil, suna tattara duwatsu da tsirrai da dabbobi. Daga baya hanya ta raba su. Ernest ya shahara wajen tara tangaran na ƙasar Sin, Alfred kuwa ya nufi Indiya da niyyar hawa tuddan Tibet.

Bai kai Tibet ba. Zazzaɓi mai tsanani ya kwantar da shi a Indiya, har ya zama dole ya bar ƙasar ya tafi Zanzibar jinya. Daga nan ya wuce tsibirin Reunion, kana a 1865 ya sa ƙafa a Madagaska karo na farko. Ya sake komawa a 1866, sa'an nan a 1868 ya koma ya yi doguwar tafiyarsa wadda ba ta ƙare ba sai 1870.

A wancan zamani Turawa bakin teku kurum suka sani a Madagaska, taswirorin cikin ƙasar kuwa akasarinsu ƙiyasi ne da jita-jita. Tsakiyar tsibirin na hannun sarautar Merina mai hedkwata a Antananarivo, inda Sarauniya Ranavalona ta Biyu ta hau gadon mulki a 1868, ragamar al'amura kuma tana hannun Firayim Minista Rainilaiarivony. Kudu da yamma kuwa akwai sarakuna masu cin gashin kansu, ba su kuma da dalilin amincewa da baƙon da ya zo yana auna tsawon duwatsu yana rubutu a takarda. Cikin wannan hali Grandidier ya ratsa tsibirin daga gaɓa zuwa gaɓa har sau uku, ya yi tafiyar kimanin kilomita 3,000 a cikin ƙasa da kimanin 2,500 a bakin teku. Bai yi wannan shi kaɗai ba. 'Yan dako da 'yan jagora da mafarauta na ƙasar ne suka ɗauki kayansa, suka nuna masa hanya, suka kamo masa dabbobi, ko da yake littattafan tarihi ba su damu da ajiye sunayensu ba.

Kafin a fahimci girman aikinsa, ya kamata mai karatu ya san irin dabbar da ake magana a kai. Lemur dai tana cikin babban rukunin da ya haɗa birai da goggon biri, amma reshenta daban ne, ya kuma rabu da na birai tun zamani mai nisa. Hancinta a jiƙe yake kamar na kare, ta kuma fi biri dogara ga sansana. Haƙoranta na gaba na ƙasa sun miƙe sun jeru kamar matsefi, da su take tsefe gashin jikinta da na 'yan'uwanta. A yatsa na biyu na ƙafarta akwai farce mai tsini na susa. Yawancinsu suna da wani shafi a bayan ido mai mai da haske, shi ya sa idanunsu ke ƙyalli da dare. Danginta na kusa su ne loris na ƙasashen Asiya, da foto na kurmin Afirka, da galago, watau ƙaramar dabbar nan mai manyan idanu da dogon wutsiya wadda ke tsalle a kan itatuwa da dare, wadda akwai ta har a dazuzzukan arewacin Nijeriya.

Masana sun daɗe suna ruɗewa a kan waɗannan dabbobi. Shaihun malamin nan na ƙasar Suwidin, Carl Linnaeus, shi ya raɗa sunan a 1758, ya ɗauko shi daga kalmar Latin mai nufin fatalwa. Amma a ƙarƙashin sunan ya haɗa dabbobi uku da ba su da uwa ɗaya: lemur mai zobba a wutsiya ta Madagaska, da loris na Asiya, da kuma wata dabba mai shawagi tsakanin itatuwa wadda ko cikin dangin birai ba ta. Wata kuma da ake kira aye-aye ta fi ba da wahala. Haƙoranta na gaba ba su daina tsiro kamar na ɓera, tana da wani siririn yatsa da take ƙwanƙwasa itace da shi ta zaƙulo tsutsa, saboda haka aka fara sa ta cikin dangin kurege. Sai a shekarun 1860 ne Richard Owen na Ingila ya tabbatar da cewa 'yar gidan lemur ce.

Abin da ya kawo wannan ruɗu shi ne ƙarancin shaida. Malamai a Turai suna yanke hukunci ne a kan busasshiyar fata ɗaya ko biyu da wani matuƙin jirgi ya kawo, sau da yawa ba a ma san daga wane sashe na tsibirin ta fito ba. A nan ne Grandidier ya yi fice. Ya ga dabbobin da ransu, ya rubuta inda ya sami kowace, ya kuma aika da fatu da ƙasusuwa da gawarwaki cikin ruwan magani zuwa gidan adana kayan halitta na Paris. A 1867 ya bayyana wa duniyar ilmi irin sifaka guda biyu, na Verreaux da na Coquerel, a 1871 ya ƙara da sifaka na Milne-Edwards da farar sifaka mai gashi kamar siliki. Sifaka dabba ce mai ban sha'awa. Daga kukanta aka samo sunanta. Takan maƙale a jikin itace a tsaye, ta yi tsalle da ƙafafun baya zuwa wani itacen mai nisan mita da yawa, ko da kuwa mai ƙaya ne irin na busasshen dajin kudu, in kuma ta sauko ƙasa sai ta riƙa tsalle a kaikaice da hannuwa a sama, kai ka ce rawa take yi. Ya lura kuma cewa kowane iri yana da yankinsa, sau da yawa kogi ne iyaka tsakanin wannan da wancan, batun da masana ke bincike a kai har gobe.

A 1868 kuma, a wata fadama da ake kira Ambolisatra a kudu maso yammacin tsibirin, ya tono ƙasusuwan dabbobin da suka riga suka ƙare: ƙaramar dorina, da ƙaton kunkuru, da wani tsuntsu marar tashi da ya fi jimina girma nesa ba kusa ba. Wannan tono shi ya buɗe ƙofa. A farkon shekarun 1890 Forsyth Major ya bayyana ƙoƙon kan wata ƙatuwar lemur da aka sa wa suna Megaladapis, a 1899 kuma ɗan Grandidier na cikinsa, Guillaume, ya bayyana wata mai suna Palaeopropithecus. Yanzu an san irin waɗannan manyan lemur da suka ɓace sun kai 17, babbarsu ta kai goggon biri nauyi, waɗansu kuma sun rayu har bayan zuwan ɗan Adam tsibirin. Ta hanyar kwatance, mafi girma a cikin masu rai a yau, watau indri, ba ta wuce kilo 9 da ɗoriya ba, ƙaramarsu kuwa nauyinta kimanin giram 30 ne.

Da ya koma Faransa a 1870 bai ƙara taka Madagaska ba. Ya duƙufa ga wani gagarumin littafi a kan yanayin ƙasa da halittu da siyasar tsibirin, wanda ya kai mujalladi kusan 40, ya jawo ƙwararru da dama cikin aikin. Sashen dabbobi masu shayarwa shi da Alphonse Milne-Edwards suka rubuta, ya fara fitowa a 1875 da bayani a kan indri da sifaka, tare da zane-zane masu kyan gaske na ƙashi da tsoka.

Sai dai yawan shaida ba ya hana kuskure. Milne-Edwards ya binciki mabiyiyar lemur, watau abin da ke haɗa uwa da ɗan tayi, ya ga ta fi kama da ta dabbobi masu kofato bisa ga ta birai, saboda haka a 1871 ya kawo shawarar a fitar da lemur daga rukunin birai baki ɗaya. Wani masani ɗan Ingila, George Mivart, ya ƙi yarda a 1873, ya ce ba a raba dangi saboda siffa ɗaya alhali sauran siffofi sun haɗa su. Binciken ƙwayoyin gado na wannan zamani ya nuna Mivart ne ke da gaskiya.

Akwai kuma tambayar da ta fi wannan wuya: ta yaya dabbobin suka isa tsibirin? A 1864 Philip Sclater ya ce ai da can akwai wata nahiya da ta haɗa Madagaska da Indiya, daga baya teku ya haɗiye ta, har ya sa mata suna Lemuria. Maganar ta karɓu ƙwarai a zamanin Grandidier, amma babu irin wannan nahiya. Abin da aka sani yanzu shi ne, Madagaska ta rabu da Afirka kimanin shekara miliyan 160 da suka wuce, ta rabu da Indiya kimanin miliyan 88, tun kafin a sami lemur. Ke nan ba tafiya da su tsibirin ya yi ba, su suka same shi. Ra'ayin da ya fi rinjaye shi ne kakanninsu sun ƙetaro ne daga Afirka a kan tarin itatuwa da ciyayi da ambaliya ta kwaso zuwa teku, tafiyar da ta wuce kilomita 400. Mai jin wannan zai ce yunwa da ƙishirwa za su kashe su a hanya. To, amma akwai ƙananan lemur da kan tara kitse a wutsiya su yi barcin watanni ba ci ba sha, ɗaya daga cikinsu ma, ta Crossley, Grandidier ne ya bayyana ta a 1870. Da suka isa ba su tarar da birai masu yi musu gasa ba, sai suka bazu suka kasu gida biyar da ake da su a yau, iri fiye da 100.

Girmamawa ta zo masa daki-daki. An zaɓe shi cikin Majalisar Masana Kimiyya ta Faransa a 1885, ya shugabanci Ƙungiyar Masana Labarin Ƙasa ta Paris daga 1901 zuwa 1905, takwararta ta Landan kuma ta ba shi lambar zinariya a 1906.

Amma tarihinsa yana da wata fuskar da bai kamata a rufe ba. Rubuce-rubucensa sun ƙara wa gwamnatin Faransa kwaɗayin tsibirin, taswirorinsa kuma sun yi wa sojojinta amfani. A ƙarshen watan Satumba na 1895 rundunar Janar Duchesne ta shiga Antananarivo, a 1896 aka mai da Madagaska ƙasar mallaka, a 1897 Janar Gallieni ya tuɓe Sarauniya Ranavalona ta Uku ya kore ta, ta kuma rasu a birnin Aljiyas a 1917 ba ta sake ganin gida da ranta ba. Jikokin mutanen da suka ɗauki kayan Grandidier a ka sun zauna ƙarƙashin mulkin mallaka har zuwa 26 ga watan Yuni na 1960. Haka kuma ya yi kuskure babba a kan asalin mutanen tsibirin, domin ya rage wa Afirka rabonta a cikinsu. Binciken harshe da na jini ya nuna sun fito ne daga tushe biyu, gabashin Afirka da kuma tsibiran Indunusiya.

Bayan rasuwarsa Guillaume ya ci gaba da fitar da sauran mujalladan, shi ma ya rasu a 1957. Sunan gidansu yana nan a jikin wani dutse mai daraja da aka samo a kudancin tsibirin, da kuma wata doguwar kuka ta yankin Morondava wadda masu yawon buɗe ido ke tururuwar ɗaukar hotonta. Dabbobin da ya yi wa hidima kuwa suna cikin mawuyacin hali saboda saran daji da ƙonar gawayi da farauta. A lissafin da ƙungiyar kare halittu ta duniya ta fitar a 2020, cikin irin lemur 107 da aka duba, 103 suna fuskantar barazanar ƙarewa, 33 daga ciki suna gab da ɓacewa. Sifaka ta Verreaux, wadda Grandidier ya bayyana a 1867, a wannan shekarar ce aka sa ta cikin 33 ɗin.