Jack Hildyard, Baturen Da Ya Ɗauki Hoton Ar-Risala

Da yawa daga cikin masu karatu sun kalli fim ɗin Ar-Risala, sun kuma san Mustafa Akkad wanda ya shirya shi, amma kaɗan ne suka san mai ɗaukar hotonsa. Shi ne Jack Hildyard, wanda aka haifa a Landan cikin 1908. Tun kafin wannan aiki ya yi suna, domin fim ɗin The Bridge on the River Kwai na 1957 ya jawo masa kyautar Oscar.

Ar-Risala, wanda ya fito cikin 1976, ya zo da sharaɗi mai nauyi: ba za a nuna surar Manzon Allah (S.A.W.) ba, ba kuma za a ji muryarsa ba. Sai aka riƙa tsayar da na'urar ɗaukar hoto a gurbinsa, masu fitowa a matsayin Sahabbai suna fuskantarta suna magana. Duk da haka wasu malamai ba su gamsu ba, kuma suna da hujjarsu. A Maroko da Libiya aka yi aikin, kowace fitowa sau biyu, da Larabci da Turanci. A ganina gwanintarsa ta fi bayyana a yaƙin Badar da na Uhudu, inda ya bar faɗin hamada da zafin rana suka nuna ƙarancin Musulmi gaban rundunar Ƙuraishawa.

Shi ne kuma ya ɗauki fim ɗin Umar Mukhtar. Ya mutu a Ingila cikin 1990.